Wanda Ya Saki Igiya a Kajiji

Bari in fara da wautata, don in na bar ta sai ƙarshe wani zai riga ni faɗa. Na taɓa zama na shirga wa ɗan jarida ƙarya, rikodarsa tana gabana, 'yar jar fitilarta tana kallona ina kallonta. Kuma ba ɗan jaridar nan kusa ba, wanda gobe za ka tare shi a tasha ka ce da wasa kake. Bafaranshe ne. A lissafina, maganar da aka ɗauka zuwa ƙasar da ko sunanta ban iya rubutawa ba, ta tafi ke nan har abada. Aji uku na yi a firamare, a aji ukun ma kusa da taga nake zama saboda saurin fita. To, irin lissafin da aji uku ke bayarwa ke nan.

Amma ƙaryar ba za ta fahimtu ba sai na faɗi gaskiyar da na murɗe.

Mu biyu ne maza a ɗakinmu, ni da Yayana. Sana'arsa haƙar rijiya, da yasar tsofaffin rijiyoyi, wato kwashe laka da tarkacen da suka toshe idon ruwa. Daga garinmu Lambara ake kiransa har ƙauyukan Kajiji da gaba. A sana'ar nan akwai ƙa'ida guda da ba a wasa da ita: ba a ba bare riƙon igiya. Na ƙasa yana hawowa ne yana taka 'yan ramukan da aka sassaƙa a jikin rijiya, igiya a ƙugunsa, na sama yana ja yana tallafa masa. Ransa yana hannunka. Saboda haka sai jini ake ba wa. Ni ne jinin. Shekaruna ba su wuce ashirin ba, ƙarfi kamar jaki, hankali kuwa jakin ya fi ni.

Wata bazara aka kira mu yasar wata tsohuwar rijiya a bayan Kajiji. Mu uku ne: Yaya, da ni, da abokin aikinsa, wani siririn mutum mai yawan waƙa. Da hantsi abokin ya shiga. Yaya ya zaga bayan wata tsamiya ya kama ruwa, ya bar ni da igiya. Ina jin waƙa tana tasowa daga ƙasa, sai ta tsaya. Igiya ta girgiza sau uku, alamar a ja. Na fara ja. Ya hawo kamar rabi, sai wani gurnani ya fito daga ciki wanda ban taɓa ji a bakin ɗan Adam ba, nauyinsa duka ya dawo hannuna. Yau na san numfashi ne ya ƙare masa, don tsohuwar rijiya takan tara muguwar iska. A ranar ba abin da ya zo mini sai mutanen ɓoye. Igiya ta zame ta ƙone mini tafin hannu, na buɗe hannun. Faɗuwarsa ina gudu na ji ta.

Yaya ya ɗaure igiyar bokitin laka a jikin itacen da aka gitta a bakin rijiya, ya shiga shi kaɗai. Ya goya mutumin da rawaninsa, ya hawo da shi. Kafin mutanen gona su ƙaraso, ya kwance igiyar ƙugun mutumin, ya ɗora ta a kan dutse, ya daddatse ta da dagi har ta yi kama da wadda ta ruɓe. Da aka tambaya ya ce igiya ce ta tsinke. Ni kuwa aka ce na ruga neman taimako.

Mutumin ya rayu, amma bayansa ya karye, a kan tabarma ya ƙarasa shekarunsa. Jama'a suka ce Yaya ya yi aiki da ruɓaɓɓiyar igiya, kira ya ragu. Kowace damina sai ya nome gonar mutumin a Kajiji kafin ya taɓa tasa. Tari kuma ya kama Yaya tun ranar, bai sake shi ba. Ni kuwa bai taɓa ce mini uffan ba. Ko kallon banza. Abu guda kawai: bai ƙara miƙo mini igiya ba. Da na ga haka na tattara na koma Bodinga, na yi dako, na yi tallan rake, daga baya na samu babur na shiga kabu-kabu.

Shekara ashirin ko kusa da haka bayan wannan, ina tasha ana hira, sai ga mota daga Sakkwato ta sauke wani dogon Bature, hancinsa ya yi ja yana saɓa. Direban ya ce motarsa ba ta iya yashin ƙauye, ana neman mai babur na kwana uku. Na riga kowa miƙewa. Baturen yana da 'yar Hausa irin ta mutanen Nijar, wadda ya ce a Maraɗi ya tsinta. Ɗan jarida ne, an aiko shi ya yi rubutu a kan rijiyoyi da wahalar ruwa.

Kwana biyu yana bayana muna yawo, yana ba ni labarinsa cikin kunne. Ubansa mai gasa burodi ne a wani ƙaramin gari. Shi kuma ya fara aiki a jaridar garin, yana rubuta wanda ya mutu da wanda aka kai kotu. Daga nan babbar jarida ta ɗauke shi, ta riƙa jefa shi duk inda ake yaƙi ko yunwa. Ya ce ya gaji da ganin gawa. Ya kuma ce yana da doka guda tun da ya fara aiki: ba ya buga magana sai ya ji ta daga baki biyu. Na ce masa doka mai kyau. Ni da ko bakina ɗaya ban yarda da shi ba.

Rana ta uku muka tsaya hutawa a bayan Kajiji, a gindin tsamiya. Wallahi ba ni na zaɓi wurin ba, inuwa ce ta ja mu. Rijiyar tana nan, an rufe bakinta da ƙaya. Na miƙa masa gorar ruwa, ya ga tabon tafin hannuna, ya tambaya.

Mu a tasha, ƙaryar hira ba laifi ba ce. Kowa yana zuba tasa, kowa ya san yadda zai tace ta wani, da an tashi an bar ta nan. Na ɗauka haka ake a ko'ina. Kuma akwai wani abu: shekara ashirin maganar nan tana cina, ina son in faɗe ta ko sau ɗaya ga wanda ba zai sake ganina ba. Na buɗe baki da niyyar gaskiya. Da na zo wurin buɗe hannu, sai harshena ya kauce. Na ce Yaya ne ke riƙe da igiya, ya saki ya gudu. Na ce ni na shiga, ni na goyo mutumin, ni na daddatse igiya don in rufa wa ɗan'uwana asiri, wannan tabon kuma wurin hawowa na same shi. Da na ga idonsa ya yi rau-rau, daɗi ya kama ni na ƙara gishiri. Ya ce yaya ƙasan rijiyar yake? Ni da ban taɓa wuce gaba biyu cikin rijiya ba, na ce sanyi ne, sanyi kamar cikin randa, har haƙorana suna kaɗawa.

A hanyar komawa muka biyo ta Lambara. Yaya yana fadama yana ba albasa ruwa. Shaiɗan ya ɗaga mini hannu na nuna shi. Baturen ya ce in tsaya ya ji daga bakinsa. Na ce in ka tambaye shi kunya za ta kashe shi, mu nan ba a haka. Ya ɗauki hotonsa daga nesa, muka wuce. Ya karya dokarsa saboda ni.

Na manta da shi. Ko in ce na yi kamar na manta.

Wasu shekaru ashirin suka wuce. Gwiwa ta hana ni babur, na koma sayar da albasa a kasuwar Bodinga. Wata rana cikin bazara, ana tsakiyar kakar albasa, ina gardama da wata mai tuwo-tuwo a kan kwano, sai na ji an kira ni. Na ɗaga kai na ga wani dattijo mai farin gilashi, bayansa kuma wani tsohon Bature da sanda, ya rame, gashi ya zube. Hancin na gane. Ya jefar da sandar ya rungume ni a tsakiyar kasuwa. Masu albasa suka ɗauki shewa, wani yana cewa, "Ashe kana da dangi waje kab bar mu muna ba ka goro!"

Dattijon tafinta ne, tsohon malamin makaranta daga Ƙonni. Baturen ya ce Hausarsa ta zube, kuma wannan karon ba ya son ko kalma ɗaya ta ɓace masa. Muka zauna a rumfar mai shayi, ya ba ni labarin abin da ƙaryata ta zama.

Ya ce ya buga labarin rijiyar. A duk abin da ya rubuta, yaƙe-yaƙe da komai, ba wanda mutane suka aiko masa da wasiƙu a kai kamar wannan. Wani mai shirya fim ya karanta, ya neme shi, ya ce hannunka ya dace da aikinmu. Sai ya bar jarida ya koma rubuta fim. Na ce kai ke fitowa a ciki? Ya ce a'a, shi ne ke rubuta abin da za su faɗa da abin da za su yi, su kuma su hau kai. Ya rubuta na 'yan sanda, ya rubuta na soyayya. Wasu an yi su, da yawa suna cikin akwati. Ya ce ya ci abinci da sana'ar, amma a finafinan ba wanda yake son a tuna shi da shi. Matarsa ta tafi. An tsaga ƙirjinsa an yi wa zuciya aiki. Duk tsawon shekarun nan kuwa akwai guda ɗaya da yake rubutawa yana yagawa: na rijiyar Kajiji. Ya ciro tarin takarda mai kaurin bulo ya ɗora a kan benci.

"Ya ce komi ya yi sai wuri guda," in ji tafinta. "Bai san abin da yas sa magajinka, Yayan nan naka, yab buɗe hannu ba. Ya ƙago dalili ya fi goma, duk ba su zamna ba. Likita ya hana shi tahiya, yat taho. Kwana biyu garai. Gobe shina son ka kai shi wurin magajin naka shi tambaye shi."

Shayin da ke bakina ya koma ruwan maɗaci. Yaya yana kwance a Lambara, tarin nan ya gama cin ƙirjinsa. Mutumin da ya rufa mini asiri shekara arba'in, gobe za a zauna a gabansa a gaya masa abin da na saka masa da shi.

"Allahu akbar," na ce, na sunkuyar da kai. "Ai Yaya ya riga mu gidan gaskiya."

Tafinta ya dube ni ta saman gilashi. "Malam, a tasha anka ce muna ran Juma'a kak kai mai magani."

"To, kusan haka nike nuhi. Jikin ya yi nisa."

Bai fassara wannan ba. Na lura.

Da suka tafi masauki na bar albasa a hannun maƙwabci, na hau bas zuwa Lambara. Niyyata in faɗa wa Yaya da bakina kafin ya ji a bakin wani. Duk hanya ina tsara maganar. Na same shi a zaure, an jingina shi da buhun gero, la'asar ta yi sanyi.

"Auta, lahiya? Yau ba Juma'a ba."

"Lahiya lau, Yaya. Na zo in gan ka."

"To ga ni. Ban ƙaru ba."

Na zauna. Na tambayi jiki. Na tambayi albasar bana. Na tambayi jakin maƙwabta da ya ɓata. Shi kuwa yana kallon hannuwana, don na kasa ajiye su wuri ɗaya. A ƙarshe abin da na iya cewa shi ne, "Gobe wani Bature na iya zuwa. Kada ka kula da maganarsa, Yaya, kansa ba daidai yake ba."

"Shi ya sa yas san ka," in ji shi. Ya yi dariya, tari ya karɓe ta. Da ya lafa ya ce a share zaure, a dama fura.

Na koma Bodinga da wata dabara. Ina da wani aboki mai sayar da goro, tsoho, mai tari shi ma. Na ce masa gobe shi ne Yayana. Abin da zai yi kawai ya sunkuyar da kai ya ce tsoro ne ya kama shi, ya saki igiya. Ya ce wace igiya? Na ce ba ruwanka. Muka maimaita har sau biyar a bayan rumfarsa, yana ƙara kuka da majina ina rage masa.

Da safe na kai shi masaukin, na ce an kawo Yaya asibiti ne, sai na ga gara a huta da tafiya. Abokina ya durƙusa ya fara tun ba a tambaye shi ba. Baturen ya dube shi, ya buɗe jaka, ya ciro hoton nan na fadama. Yaya dogo ne, in ya shiga zaure sai ya sunkuya. Abokina kuwa in ya hau jaki ƙafarsa ba ta wuce cikin jakin.

"Tsufa ne ya tattara shi," na ce.

Tafinta ya juya baya kafaɗunsa suna rawa. Baturen ya yi dariya har ya dafe ƙirji, sannan ya kama hannuna, mai tabon, ya riƙe. Tafinta ya ce, "Ya ce har yau kana kare ɗan'uwanka. Ya ce irinka ba su da yawa a duniya."

Da ya mare ni da ya fi mini sauƙi.

Kafin mu shiga mota na ja tafinta gefe. Na ce masa ya taimake ni, in an je ya sassauta maganar, ya mai da ita tambayar ruwa da rijiyoyi, ni kuma buhun albasa mai kyau yana jiransa.

"Ni abin da anka ce shi nika maidawa," in ji shi. "Kuma ko na so, ba ni iyawa. Muryarka na cikin wayarshi, ya juye kaset ɗin. Da Hausa kay yi ta, Malam, ba ta bukatar tafinta." Ya nuna mini motar. "In akwai abin da za ka gyara, ga shi can zamne. Hwaɗa mai yanzu."

Na dubi Baturen cikin mota, yana haɗiye ƙwayoyinsa, tarin takardar nan a kan cinya kamar jariri. In na faɗa masa, na kashe masa aikin shekara ashirin da sunan da ya yi da shi. In ban faɗa ba, Yaya. Haka na gaya wa kaina. Gaskiya ita ce ba ɗayansu nake ji wa ba, fuskata nake ji wa. Na shiga mota. Duk hanya ina addu'ar taya ta fashe. Tayoyin nan sababbi ne.

An share zaure, an shimfiɗa tabarma sabuwa. Yaya ya sa farar rigarsa ta Juma'a. Dattawan unguwa biyu sun zo taya shi karɓar baƙo, sun zauna a bakin ƙofa. Na so in kore su, ba ni da bakin. Aka gaisa, aka tambayi hanya, aka tambayi mutanen gida, aka sha fura. Sannan Baturen ya nemi gafara, ya ce zai taɓo tsohon ciwo, ya ajiye waya a tsakiyar tabarma.

Muryata ta fito, ta ƙuruciya, cike da jin kai. Na ji kaina ina cewa Yayana ya saki igiya ya ruga kamar zomo. Na ji kaina ina shiga rijiya. Na ji sanyin randa da kaɗawar haƙora. Dattawan ƙofa suka dubi juna. Ni kuwa na kafa ido a kan wata tururuwa da ke jan ƙwayar gero a gefen tabarma, ina roƙon Allah ya mai da ni ita.

Yaya bai motsa ba har aka gama. Ya ce a ba shi ruwa. Ya sha.

Tafinta ya ce, a hankali, "Baba, baƙo na tambaya. Ya ce ba don shi kunyata ka ba. Mi yas sa kab buɗe hannu?"

Ga dama ta ƙarshe. Kalma uku ce: ni na saki. Na buɗe baki. Wallahi na buɗe. Iska ce ta fito.

"Hwaɗa mai," in ji Yaya, "ni as saki ta."

Ɗaya daga cikin dattawan ya ce, "Subhanallahi. Ba tsinkewa tay yi ba?"

"Ba ta tsinke ba." Bai dube ni ba. "Ka ce mai, wanda bai taɓa riƙon mutum bisa igiya ba bai san nauyin mutum ba. Muddin shina taka bango, kamar ba kowa. Ran da ƙahwarshi tas saki, sai ka ji kamar ƙasa duka ta rataya gare ka. Ga wata kuwwa na hitowa daga rami, ba ka taɓa jin irinta ba. Ga igiya na cin hannu awa wuta. Kuma an bar ka kai ɗai, wanda ya kamata shi tsaya kusa da kai ya tahi bayan itace. Hannu ba ya shawara da mai shi. Buɗewa yay yi. Gudun kuma, ba mutumin aka gudu ba, ƙarar hwaɗuwar aka gudu. Yaro na, bai san komi ba."

Tafinta ya tsaya. "Yaro, Baba?"

"Mai tsoro duk yaro na, ko da gemu."

Tafinta ya mayar da Faransanci. Baturen yana rubutu, hawaye yana ɗiga a kan takarda. Ni kuwa a zaune nake ina jin an buɗe cikina ana karantawa. Shekara arba'in ina zaton shirun Yaya fushi ne. Ashe ya san komai har abin da ban gaya wa kaina ba, har ya ɗauki rabin laifin ya kai bayan tsamiya.

Baturen ya sake magana. Tafinta ya cire gilashi ya goge kafin ya mayar.

"Ya ce, ƙanenka ya yahe maka?"

"Ga shi nan zamne," in ji Yaya. "A tambaye shi."

Duk zauren ya juyo kaina. Baturen da jiƙaƙƙen ido, dattawa biyu, tafinta wanda na tabbata ya riga ya gane. Yaya kaɗai ke kallon ƙofa.

Na ce, "Na yafe."

Ni. Na yafe masa. Da wannan bakin da nake cin tuwo.

Baturen ya rufe littafinsa ya ce ya samu ƙarshen fim ɗinsa, yanzu ko ya mutu ba komai. Ya ce wannan ne karo na farko da labarin ya cika dokarsa, ya ji shi daga baki biyu. Ya durƙusa da ƙyar ya kama hannun Yaya. Yaya ya sa aka ɗauko masa albasa a kwando, ya ce a kai wa iyali, ba a gaya masa babu iyalin ba.

Bayan wata biyu tafinta ya kira ni ya ce Baturen ya gama rubutun. Ko an yi fim ɗin, ko yana cikin akwati tare da sauran, ban sani ba. Ban ƙara jin labarinsa ba, kuma ban nema ba.

Abin da na sani shi ne dattawan nan biyu ba su kai magariba da maganar a ciki ba. Kafin sati ta kai Kajiji. Masu zuwa gaida Yaya suka ragu. Ni kuwa a kasuwa aka fara ce mini gwarzo, har da masu ƙara mini kujera. Kowace Juma'a ina kai masa magani da niyyar in tsaya a ƙofar masallaci in faɗi gaskiya, kowace Juma'a in dawo da ita. Da damina ta faɗi ya rasu. 'Ya'yan mutumin nan na Kajiji, waɗanda suka girma da geron da Yaya ya nome musu, ba wanda ya zo jana'iza.

Shi ya sa na sayi littafi mai layi nake wannan rubutu da hannun aji uku. In na gama zan kai wa limamin Lambara ya karanta wa jama'a, wani kwafin kuma a kai Kajiji. Haka na ce bara ma. Bana dai ga shi na kai ƙarshe.

Saura abu guda. Ranar, bayan motar Baturen ta tashi, dattawa sun fita, na tsaya naɗe tabarma don kada in dubi Yaya. Mu biyu kaɗai a zaure. Na gama naɗewa na jingine ta, na ce zan koma kada bas ta ƙare. Har na sa ƙafa a waje ya kira ni. Na tsaya ban juyo ba. Abin da ya ce ban amsa ba a ranar, ban amsa ba a duk Juma'o'in da suka rage masa.

"Auta, in kun yi waya da Baturenka, ka ce mai shi gyara wuri guda. Ƙasan rijiyar nan ba sanyi. Zahi na."